Zarto a Littattafan Abba

Sallama gare ku, 'yan uwana masu bin labarina. Yau ku yi haƙuri da ni, ba zancen turare da furanni na kawo muku ba. Ina rubutun nan da kofin ruwan lemun tsami a gefena, don tun shekaranjiya zuciyata ke tashi, ko shayi na kurɓa sai in ji zai dawo. Ku da kuke turo mini saƙo kuna cewa, "Auta, ki riƙe Ambasada hannu bibbiyu, irinsa wuyar samu gare su," ku karanta wannan tukuna, sannan ku sake ba ni shawara.

Ga waɗanda yau suka fara shigowa: ni ce autar gidanmu, shekarata ashirin da tara, ina aiki a wani ofishin sayar da tikitin jirgi. Abbanmu ya ƙare ƙuruciyarsa yana fassara labaran duniya a gidan rediyo. Abin da sa'o'insa suka zuba a filaye da motoci, shi a littafi ya zuba. Falonsa bango uku kanta ce har sama: yaƙin duniya na ɗaya da na biyu, yaƙin cacar baka, yadda Turawa suka zauna a tebur suka yanyanka Afirka kamar kankana, kafuwar Majalisar Ɗinkin Duniya, ƙawancen ƙasashe da cin amanar juna. Da ciwon suga ya ɗauke masa gani, sai na zama idonsa. In na dawo daga aiki na watsa ruwa, sai in zauna a kan dardumar gabansa in karanta masa. Ba ma yin shafi biyu bai ɗaga hannu ba.

"Tsaya nan, Auta. Kin ji ƙaryar da mutumin nan ya shirga? Ƙasarsu ce ta fara harbi, amma ji yadda ya lulluɓe."

Sai ya yi ta dariya har da buga gwiwa. A wannan sa'ar kaɗai nake ganin Abbana na da.

Shi kuwa Ambasada, ba wata ƙasa da ta taɓa tura shi ko'ina. Shi ya raɗa wa kansa sunan. Yana da shiri a waya inda yake sharhin al'amuran duniya, sanye da kwat ko da zafi na narka kwalta. A ofishinmu na fara ganinsa, ya zo tambayar kuɗin tikiti zuwa nahiyoyi uku, ya sa na buga masa a takarda, ya ɗauke ta hoto ya tafi. Bai saya ba, har gobe. Amma Allah ya ba shi baki, da bakin nan ya fara neman aurena. Ranar da ya fara zuwa gaishe da Abba, ya tsaya a tsakiyar falo ya dafe ƙirji ya ce, "Ranka ya daɗe, ai wannan ba falo ba ne, jami'a ce." Shi ke nan ya saye gidanmu. Yana kai Abba asibiti a motarsa, yana durƙusa wa Umma har ƙasa, Yaya kuwa, babbar yayata, in ta fara yabonsa sai ka rantse kamasho yake biyanta.

Ni fa akwai abubuwan da tun farko suke tsaya mini a wuya. In zai buɗe shafi sai ya lashi babban yatsansa, lasa mai ƙara, ya bar danshi a kusurwar takarda. Na taɓa ganinsa yana sakace da katin da Abba ke sa alama, ya gama ya mayar cikin littafin. Turarensa kuwa in ya zauna a kujera sai ta kwana biyu tana sa ni atishawa. Na faɗa wa Yaya, ta harare ni.

"Ke dai kin cika tsirfa. Haka kika yi ta zaɓe har yaran da kika girme suka haihu. Namiji ne ba ya sakace?"

Sai na haƙura. Mutumin da ke sa Abba dariya, na ce ai zan iya jure yawunsa.

Wata biyu da suka wuce ya zo da wata magana. Wai ya lura gara ta fara taɓa wasu littattafan, wasu bangonsu ya saki. Yana da wani gwani da zai ɗinke su, ya fesa magani, ya yi musu sabon bango. Kyautarsa ce ga Abba. Abba ya yi ta sa masa albarka har muryarsa na rawa. Yana zaune a kujerarsa yana faɗin inda kowanne yake da ka, "Jan nan na sama ta hagu, ku bi shi a hankali, ya girmi Auta," ana ta jera su a kwalaye ana kaiwa mota. Da aka gama, in ka yi magana a falon sai muryarka ta dawo maka. Tun daga ranar, labaran waya nake karanta masa, yana saurara ba ya ko ɗaga hannu.

To, ranar Juma'a da yamma ina ofis saƙonsa ya shigo:

"Gimbiyata, gobe da safe ku zo ke da Yaya ku auna tagogi saboda labule. Fadar jakadancinmu ta kusa kammala. Akwai abin mamaki da na tanadar miki."

Na rubuta, "Allah ya kai mu." Ya turo zuciyoyi jajaye har layi biyu.

Da safe na sa doguwar rigata ruwan toka mai ƙananan maɓallai a hannu, na yafa baƙin mayafi, na zura takalmi marar tudu. Hoda kawai na shafa. Yaya kuwa ta zo ta ci kwalliya kamar ita za a kai gidan, jambaki har a haƙori, tef ɗin awo rataye a wuya.

Gidan a hawa na biyu yake. Tun daga matakala warin fenti ya tare mu. Kujeru ruwan zinare ba a ko cire musu leda ba, madubi a kowane bango, fitilar sama mai lilo kamar ta zauren taro. Yaya sai "Masha Allah" take zubawa tana shafa komai. Shi kuma yana gaba cikin kwat ruwan bula da farar safa, yana nuni da makullin mota.

"Nan falo. Nan ɗakin gimbiya. Amma ku zo ku ga zuciyar gidan."

Ya buɗe wata ƙofa ya kunna wuta. Ɗan siririn ɗaki ne. Fitilu biyu masu zagaye a kan sanduna, tebur mai sheƙi, ƙwallon taswirar duniya a gefe, waya a maƙale tana kallon kujera. A bayan kujerar kuwa, daga bango zuwa bango, kanta ce cike da littattafai.

Wallahi da farko daɗi na ji, kamar na haɗu da 'yan uwa a baƙon gari. Ga jan nan da ya girme ni. Ga korayen nan uku na yaƙin cacar baka da muka tsaya a tsakiyar na biyu. Ga baƙin da shayi ya taɓa zubar wa.

Na ce, "Au, ba ka kai su wurin mai gyaran ba?"

Ya yi murmushi ya gyara wuyan kwat. "Ai an gyara su. Duba da kyau."

Na miƙa hannu zan zaro koren na biyu. Ya ƙi motsi. Na ɗauka matsewa ce, na ƙara ƙarfi. Sai a lokacin idona ya kai gefen kantar. 'Yan uwa, zurfinta bai wuce faɗin yatsu huɗu ba. Na tsaya ina kallo, kaina ya kasa haɗa lissafin. Ta yaya littafin da nake ɗora wa a cinya da hannu biyu zai shige nan?

Na sa farce na fizga. Wani abu ya yi ƙara, ya taho a hannuna.

Ƙashin bayan littafin ne kawai, da ɗan siririn takardu a jikinsa, busasshen gam a ƙasa. An bi shi da zarto daga sama har ƙasa. Na buɗe. Kowane layi kalma biyu ko uku, sai ya yanke a tsakiyar kalma. Garin takarda ya zubo mini a riga.

"Kai, Gimbiya, kin ɓata mini jeri," in ji shi, yana dariya. "Dabarata ce fa. Ɗakin ya yi ƙunci, in aka sa kanta mai zurfi kyamara ba ta samun tazara. Sai na ce wa kafinta ya rage musu ciki. Kin ga yanzu duk wanda ya kalli shirina ya san da masani yake magana."

Na ji bakina ya cika da yawu. Na ce, "Duka?"

"Ban da ƙananan, su ba su da kwarjini a hoto."

Yaya ta yi wata 'yar dariya marar daɗi, ta shiga naɗe tef ɗinta. Ni kuwa na ce a nuna mini banɗaki.

Da na sani da a tsakiyar falonsa na yi aman. Ina tura ƙofar, zarni da warin ruɓaɓɓiyar takarda suka buge ni. Famfon ƙasa na yoyo, masu fenti sun shimfiɗa takardu a ƙasa don su tsotse ruwan. Buhuna uku jingine a bango, bakinsu a buɗe, cike da sauran jikin littattafan Abba, na ƙasan sun kumbura sun yi baƙi. Wasu shafukan an goge burushi da su. Wasu an ci abinci a kai, maiƙo ya huda su. Akwai sawun takalmi a kan taswirar wata nahiya.

Kun san abin da ya ƙarasa ni? Abba yana da ɗabi'ar rubutu da fensir a gefen shafi, tun yana gani. Gefen nan shi zarto ya yar. A gindin masai, manne da tayil, na ga rubutunsa, ƙanana masu kwanciya dama. Ruwa ya cinye rabi. Abin da ya rage yana cewa, "a tambayi waɗanda aka ci da yaƙi." Hannun Abbana, lokacin da idonsa ke aiki, a wurin da ƙattin maza ke tsayawa su yi fitsari.

Na kifa kaina a kan abin wanke hannu na amayar da duk abin da na karya da shi.

Da na ɗauraye bakina, na zaɓi dunƙulen shafuka ɗaya busasshe daga saman buhu na tura a jaka tare da ƙashin bayan koren. Na fito na same shi yana nuna wa Yaya yadda fitilun ke canza launi.

Na ce, "Me za ka gaya wa Abba?"

Ya dube ni kamar na tambaye shi ko ruwa na jiƙa mutum. "Haba Gimbiya, har kin sa na ji tsoro. Na gama wannan lissafin. Akwai masu sayar da tsofaffin littattafai a kilo. Zan sa a zaɓo masu kauri, a yi musu bango mai kyau, a jera masa. Ai Abba ba gani yake ba."

Ai Abba ba gani yake ba. Haka ya faɗa, da bakin da yake cewa "ranka ya daɗe."

"In ya ce in karanta masa fa?"

"To ba ke ce mai karatun ba? Ki riƙe littafin a cinya, ki karanto daga waya. Komai yana waya yanzu. Ki riƙa juya shafi yana jin ƙara, shi ke nan. Kin ga ni na samu, shi bai rasa ba. Wannan shi ake kira diflomasiyya."

Ya matso zai gyara mini mayafi da yatsan nan da yake lasa. Na ja da baya har na bugi ƙofa. Ban san lokacin da na sauka matakalar ba.

A mota Yaya ta fara. "Ni ma ban ji daɗi ba, amma takarda ce fa, Auta. Takarda! Ba mutum ya yanka ba. Kin ga kujerun nan kuwa?"

Na ce, "Yaya, don Allah ki yi shiru, ko in sake yin wani aman a motarki."

Umma na kicin tana yanka albasa muka shiga. Na zaro ƙashin bayan koren na ajiye mata a kan tebur. Ta goge hannu a zani, ta ɗauka, ta juya shi. Umma ba ta karanta Turanci, amma ita ta share wa littattafan nan ƙura tun tana amarya. Ta san su kamar yadda ta san tukwanenta. Ta zauna a kan kujerar roba a hankali.

"Wannan ai shi ya saya ranar da aka ƙara masa girma," ta ce. "Da shi ya shigo maimakon nama, muka yi faɗa."

Hawaye suka zubo mata, na kuma san ba na albasa ba ne. Na ce a raina, alhamdu lillahi, na samu mai tsaya mini. Sai ta share fuska da gefen mayafi ta miƙo mini.

"Ɓoye shi. Kada ki kuskura ya ji."

"Umma!"

"Kin manta abin da likita ya ce? Jininsa in ya hau, wa zai sauko da shi, ke? Abin da ya lalace ya lalace. Gobe kawunnan yaron nan za su zo neman amsa. Ki bari a wuce wannan, daga baya ma san yadda za mu lallaɓa."

"In zauna ina juya masa shafin ƙarya, Umma? Kullum?"

"Ni ban ce miki daɗi ne ba. Amma gara ya rayu a ruɗe da in rasa shi."

Na san ba son kujerun zinare ne ya sa ta faɗi haka ba. Tsoro ne. Ni ma ina jin sa.

Muna cikin haka muryar Abba ta taso daga falo. "Auta ce ta dawo? Zo ki ba ni labarin gidan." Na je na durƙusa. Yana zaune cikin farar jallabiyarsa, rediyo a cinya, fuskarsa na kallon kantocin da babu komai. Na ce gida ya yi kyau. Ya ce, "Madalla. Jiya yaron nan ya ce mini littattafan sun kusa. Wai har sunana za a buga a bangon da ruwan zinare. Ki tuna mini, a koren na biyu muka tsaya, inda jiragen ruwan nan suka doshi tsibiri duniya ta riƙe numfashi."

Na ce, "Na tuna, Abba." Jakata na rataye a kafaɗata, koren na biyu na ciki.

Ina shiga ɗaki waya ta yi ƙara. Ambasada ne, na ɗauka haƙuri zai ba ni. Ga abin da ya rubuto:

"Gimbiya, kin tafi da guda ɗaya. Giɓin daidai saitin kaina yake, yana fitowa a hoto. Ki ba Yaya ta kawo kafin shirin jibi."

Bayan minti kaɗan wani ya biyo: "Kuma ki saki ranki. Manyan ƙasashe ma sai da sadaukarwa suke ƙulla ƙawance."

Na kifa wayar a kan gado na je na sake wanke hannuna da sabulu.

Washegari da hantsi kawunnansa biyu suka iso, dattawa masu kamala, ɗaya da sanda ɗaya da farin gilashi. Shi ya kawo su, ya tsaya a mota a ƙofar gida. Ta taga ina hango shi yana gyara gashin baki a madubi. Umma ta sa na canza zuwa riga ruwan hoda, ta ɗora mini tiren shayi a hannu, ta riƙe mini damtse ta ce a kunnena, "Ki ajiye ki fito. Don darajar Allah, Auta."

Na shiga da sallama, na durƙusa ina zuba shayi. Mai gilashin yana cewa, "Ai ɗan namu tun da ya haɗu da kai ya zama wani mutum. Ya ce mana littattafan nan naka babu wanda bai karance ba, daga bango zuwa bango."

Abba ya yi murmushi. "Shi ya sa na sake da shi. Ni ban tara komai ba, kun dai ga gidan. Abin da na mallaka biyu ne, na riga na damƙa masa ɗaya, ya kuma riƙe da mutunci. Saboda haka ɗayan ma..."

Na dakata da zuba shayin. Na tuna likita. Na tuna fuskar Umma a kicin. Sannan na hango kaina shekara da shekaru a kan dardumar nan, littafin kilo a cinyata, ina juya shafi don makaho ya ji ƙara, mijina kuma yana lasar yatsa a ɗaya ɗakin.

Na ajiye butar. Dama na soke ƙashin bayan koren da dunƙulen shafukan a ƙugu, ƙarƙashin mayafi, ban ma san ko zan iya ba. Na zaro koren, na kama hannun Abba na dama, na ɗora masa.

"Mene ne wannan, Auta?"

Yatsunsa suka bi ƙashin bayan, suka tsaya a wani ɗan tsagi da ke sama. Ya san shi. Sai suka gangara gefe suna neman sauran littafin, suka faɗa a iska. Ya sake bi a hankali, daga sama har ƙasa, a kan sawun zarto. Garin takarda ya zuba a farar jallabiyarsa. Na miƙa masa dunƙulen shafukan. Ya kai hanci ya shinshina, ya kawar da kai.

Umma na bakin ƙofa, hannunta biyu a kan baki. Ni idona na kan jijiyar wuyansa, ina addu'a a zuci.

"Duka?" ya tambaya, muryarsa can ƙasa.

"Ban da ƙananan, Abba."

Mai sandar ya fara gyaran murya yana laluben takalmi. Abba ya ɗaga hannu, irin ɗagawar da yake yi in zai tsayar da ni a karatu.

"Alhaji, ku zauna, shayinku bai huce ba. Auta, leƙa waje ki ce wa yaron nan ina kira."

Na je na kira shi. Ya shigo da fara'arsa da turarensa, ya zube a gaban Abba yana "ranka ya daɗe." Sai idonsa ya sauka a kan abin da ke cinyar Abba, sauran gaisuwar ta maƙale.

Abba ya miƙo mini koren. "Buɗe tsakiya, inda muka tsaya. Karanta mana."

Na ce, "Abba, rabin layi ne. Ko rabi bai kai ba."

"Na sani. Ki karanta abin da ya bar mana." Ya juya fuskarsa daidai inda turaren ke tasowa. "In kin kai inda zarto ya yanke, sai ki tsaya. Shi zai ƙarasa, tunda ya karance su."

Na buɗe shafin, na share garin da bayan hannu, na karanta kalma uku na farko. Na tsaya.

Duk muka juya muna kallon Ambasada.